Darasi: Yadda Addinin Kirista Ya Shigo Ƙasar Hausa

Musulunci ya kafu a biranen Kano da Katsina tun wajen ƙarni na 14 da na 15, kuma har yau shi ne addinin mafi yawan Hausawa. Duk da haka, a kudancin Jihar Katsina, musamman a ƙasashen Malumfashi da Kafur da Bakori da Funtuwa, akwai Kirista iri biyu. Na farko su ne waɗanda aiki ko fatauci ya kawo, kamar Yarbawa da Ibo da mutanen kudancin Kaduna da Filato. Na biyu kuwa Hausawa ne gaba da baya, manoma 'yan ƙasa, waɗanda kakanninsu ke noma waɗannan gonaki tun kafin zuwan Turawa. Addinin bai iso gare su ta fada ba, bai kuma iso da takobi ba. Ta hanyoyi huɗu ya biyo: harshe, da magani, da makaranta, da ƙauyukan Maguzawa.

Yunƙurin farko

Tarihi ya adana labarin wasu limaman Katolika biyu na ƙungiyar Faransiskan, Carlo Maria da Severino, waɗanda suka taso daga Tarabulus a 1710 tare da ayarin fatake. Sun ratsa Sahara ta Agadas, suka sauka Katsina a 1711. Ba su daɗe ba ciwo ya kama su, dukansu biyu suka rasu a wannan shekarar, ba su bar mabiya ba.

Bayan haka an yi shekara fiye da ɗari ba a sake jin ɗuriyar 'yan mishan ba. Da suka sake waiwayo ƙasar a ƙarni na 19, ta kogin Kwara suka biyo, kuma da harshe suka fara. James Frederick Schön, Bajamushe mai yi wa ƙungiyar CMS ta cocin Angilikan aiki, ya shiga ayarin binciken Kwara na 1841 tare da Samuel Ajayi Crowther. A wannan tafiya ya lura cewa duk kasuwar da suka sauka akwai mai jin Hausa, sai ya duƙufa wajen koyonta. Ya samu babban taimako daga Dorugu, wani saurayi ɗan ƙasar Damagaram wanda Heinrich Barth ya tafi da shi Turai a 1855. Daga 1857 Schön ya fara buga sassan Linjila da Hausa, ya fitar da littafin nahawu a 1862, da ƙamus a 1876. Shi kansa bai taɓa taka Kano ko Katsina ba.

Waɗanda suka yi ƙoƙarin shigowa da ƙafarsu sun sha wuya. A ƙarshen 1893 samari uku suka sauka Ikko da niyyar kaiwa ƙasar Hausa: Walter Gowans da Rowland Bingham daga Kanada, da Thomas Kent daga Amurka. Kafin 1894 ta ƙare Gowans ya rasu a Girku ta ƙasar Zazzau, Kent ya rasu a Bida. Bingham kaɗai ya koma gida da rai, kuma shi ya ci gaba da ƙungiyar da aka sani daga baya da suna SIM.

Ƙofar Kano da alkawarin Lugga

A 1900 Bishop Herbert Tugwell ya jagoranci ayarin CMS zuwa Kano. A cikinsu akwai wani likita matashi, Walter Miller, wanda ya koyi Hausa a Tarabulus wajen fatake da alhazai. Sarkin Kano Aliyu Babba ya karɓe su a fada, ya saurare su, ya ce ba ya bukatar abin da suka zo da shi, ya ba su 'yan kwanaki su bar masa gari. Suka ja da baya zuwa Girku, inda ɗaya daga cikinsu, Dudley Ryder, ya rasu.

Shekara uku bayan haka Turawan Ingila suka ci Kano da Sakkwato. Mai karatu zai iya zaton daga nan hanya ta buɗe wa 'yan mishan, amma ba haka aka yi ba. A Sakkwato a 1903 Gwamna Lugga ya yi wa sarakuna alkawari cewa gwamnati ba za ta tsoma baki cikin addinin Musulunci ba. Turawan mulki kaɗan ne, kuma da hannun sarakuna da hakimai da alƙalai suke tara haraji suna tafiyar da ƙasa. Ba su son abin da zai ɓata wannan tsari. Saboda haka gwamnonin da suka biyo bayan Lugga suka tsaurara doka: ba a ba ɗan mishan fili a masarautar Musulmi sai da yardar sarki da ta Razdan, kuma ba a cika samun yardar ba. Wannan ya sa ƙungiyoyin mishan suka karkata zuwa Filato da kudancin Zazzau da Binuwai da Adamawa, inda suka samu mabiya masu yawa.

Za a fi gane wannan idan aka dubi ƙasar Filifin, a kudu maso gabashin Asiya. A can ma Musulunci ne ya riga isa, ya kafu a tsibiran Sulu da Mindanawo. Ferdinand Magellan ya sauka a 1521, aka yi wa sarkin Sebu baftisma tare da jama'arsa. Daga 1565 Sifaniya ta kafa mulki, ta ƙwace Manila daga hannun sarakuna Musulmi a 1571, ta riƙe ƙasar har 1898. A duk tsawon wannan lokaci gwamnati da coci tafiya ɗaya suke yi. Ana tattara mutanen ƙauyuka a zaunar da su kewaye da majami'a, limamin coci kuma shi ne idon hukuma a gari. Sakamakon haka, ƙidayar 2020 ta nuna kusan kashi 79 cikin ɗari na mutanen Filifin 'yan Katolika ne, Musulmi suka rage a kudu. A ƙasar Hausa kuwa mulkin mallaka bai kai shekara 60 ba, kuma gwamnatinsa taka wa 'yan mishan birki ta yi. Wannan bambanci na cikin manyan dalilan da suka sa Hausawa Kirista suka kasance 'yan tsiraru.

Zariya, Gimi da Wusasa

Birni ɗaya ne aka samu sassauci. A 1905 Sarkin Zazzau Aliyu Ɗan Sidi ya bar Miller, wato Likita Mila kamar yadda Zazzagawa ke kiransa, ya zauna cikin ganuwa, ya buɗe ɗakin shan magani da ƙaramar makaranta. Shekaru suka wuce mabiyansa ba su taka kara sun karya ba, sai a 1913 wasu baƙi suka sallama masa.

Asalin waɗannan baƙi yana komawa ga wani malamin Kano, Malam Ibrahim, wanda nazarinsa ya kai shi ga fifita matsayin Annabi Isa fiye da yadda malaman zamaninsa suka yarda. An yanke masa hukuncin kisa a kasuwar Kano wajajen 1867, almajiransa suka watse zuwa Ningi da wasu ƙauyukan Kano da Zazzau. Su ake kira Isawa. Ba Kirista ba ne a lokacin, ba su taɓa ganin coci ba, suna sallarsu da azuminsu bisa fahimtarsu. 'Ya'yansu da jikokinsu ne suka nemi Mila, wasu suka karɓi baftisma. Aka kafa musu ƙauye a Gimi, a ƙarƙashin kulawar W. A. Thompson, wani ɗan mishan baƙar fata daga tsibiran Karibiyan. Ƙauyen ya fara bunƙasa da noman rake, sai ciwon barci ya auka masa, ya kashe mutane da yawa, sauran suka tashi. Yaran da suka tsira aka kai su makarantar Zariya.

Hukuma ba ta daina matsa wa mishan lamba ba kan zamansa cikin birni, har a 1929 aka mayar da shi Wusasa, a gindin dutse, bayan gari. A nan aka gina majami'ar St. Bartholomew, wadda magina Hausawa suka yi da tubalin ƙasa da azara. Rufinta na soro ne, an ɗaure shi da bakan gizo irin na zaurukan sarakuna da tsofaffin masallatai, katangunta masu kauri suna riƙe sanyi ko da rana ta take. Wanda ya hango ta daga nesa zai ɗauka gidan wani basarake ne. Kusa da ita aka kafa asibitin St. Luke da makarantu, daga baya kuma aka buɗe ƙananan tashoshi a wurare irin su Tsafe da Maska ta kusa da Funtuwa.

Wusasa ƙaramin gari ne, amma ya fitar da mutanen da suka yi fice a tarihin Arewa. Dakta R. A. B. Dikko shi ne likitan zamani na farko ɗan Arewa, kuma yana cikin waɗanda suka kafa Jam'iyyar Mutanen Arewa, ya zama shugabanta na farko. Farfesa Ishaya Audu, wanda ya fito daga zuriyar Isawa, shi ne ɗan ƙasa na farko da ya shugabanci Jami'ar Ahmadu Bello, daga 1966 zuwa 1975. John Tafida ya rubuta Jiki Magayi tare da Rupert East. Janar Yakubu Gowon, wanda iyayensa Angasawa ne masu aikin bishara, a Wusasa ya tashi.

Littafi Mai Tsarki da Hausa

A 1932 aka buga cikakken Littafi Mai Tsarki da Hausar boko. Mila ne ya ɗauki mafi yawan nauyin fassarar, tare da abokan aikinsa Hausawa da wakilan sauran ƙungiyoyin mishan. An fitar da sabuwar fassara wajajen 1980. Abin lura shi ne, waɗanda suka fi amfani da littafin ba Hausawa ba ne. A Filato da kudancin Kaduna da Bauci da Adamawa akwai harsuna barkatai, ba zai yiwu a fassara wa kowa da nasa ba, sai Hausa ta zama harshen sujada da wa'azi da waƙa da makarantar horar da fastoci. Ta haka coci ya zama ɗaya daga cikin manyan abubuwan da suka yaɗa Hausa da karatun boko a tsakiyar Nijeriya. Daga cikin waɗannan al'ummu ne kuma aka samu masu bisharar da suka shigo ƙauyukan Katsina da Kano daga baya, da Hausa a bakinsu.

Jirgin ƙasa da asibitin kutare

Layin dogo ya isa Kano a 1911, reshensa kuma ya tashi daga Zariya ya bi ta Funtuwa da Gusau, ya kai Ƙauran Namoda a 1929. Tare da shi aka samu ma'aikatan jirgi da akawuna da masu awon auduga da gyaɗa daga Kudu. Su suka gina majami'un farko a Sabon Gari da unguwannin tasha, suna sujada da Turanci ko Yarbanci ko Ibo. Waɗannan majami'u na baƙi ne, ba su cika shiga harkar 'yan gari ba.

Hanyar da ta kai 'yan mishan cikin masarautu sosai ita ce magani. A zamanin Gwamna Donald Cameron, daga 1931, aka sassauta doka. Kuturta ta yi yawa a lokacin, En'e kuma ba ta da likitocin da za su kula da masu ita. Saboda haka wajajen 1937 aka danƙa wa SIM zangon kutare na Yadakunya a Kano, da na Amanawa a Sakkwato, da na Babbar Ruga a Katsina, zamanin Sarki Muhammadu Dikko. Mai jinya a irin wannan zango yakan yi shekaru. Ana yi masa allurar wani mai da ake kawowa daga Asiya, kafin a samu ƙwayar dafson, ana wanke masa gyambo, ana ba shi 'yar gona ya noma. Akwai ajin karatu, akwai addu'ar safe ga mai so. Mafi yawan majinyata sun koma gida da addininsu. Kaɗan sun zama Kirista, wasu suka zama malaman asibiti da malaman makaranta. SIM ta buɗe asibitin ido a Kano a 1943, da tashoshi a garuruwa irin su Roni da Malumfashi. A hayin iyaka kuma ta zauna a Damagaram a 1924, da Tsibiri kusa da Maraɗi, ta buɗe asibitin Galmi a 1950. Majami'un da SIM ta kafa a Nijeriya suka haɗu suka zama ECWA a 1954.

Katolika sun biyo baya. A 1953 Fadar Paparoma ta ware yankin Sakkwato da Katsina ta danƙa wa limaman ƙungiyar Dominikan daga Amurka, waɗanda suka yi mazauni a Gusau. Yankin ya zama dayosis a 1964. Limaman sun kafa majami'u a Funtuwa da Malumfashi, suka buɗe cibiyar horar da katikis a Malumfashi, wato malaman da ke koyar da addini a ƙauyukan da babu limami.

Maguzawa

Mafi yawan Hausawa Kirista na yau daga Maguzawa suka fito. Maguzawa Hausawa ne da suka ci gaba da addinin gargajiya bayan jihadin 1804, aka bar su suna biyan jizya a ƙarƙashin sarakunan Musulmi. Ba su zama cikin gari. Gidajensu manya ne, a warwatse cikin gonaki, gida ɗaya yakan ɗauki mutum da ƙannensa da 'ya'yansu da jikoki, ana noman gandu tare. Matansu ba su kulle, suna da gayaunarsu, suna dafa giya. Mai gida ne ke yanka wa iskoki akuya ko kaza a farkon damina da lokacin kaka. Masana irin su Joseph Greenberg a ƙasar Kano da Murray Last a ƙasar Malumfashi sun zauna cikinsu sun rubuta yadda suke rayuwa.

Daga shekarun 1960 wannan rayuwa ta fara sauyawa. Rangadin musuluntarwa da Sardauna Ahmadu Bello ya yi tsakanin 1963 da 1965 ya ja Maguzawa da yawa zuwa Musulunci. Hanyoyin mota da kuɗin auduga da ƙwadago a birane suka raunana gandu. Shirin ilimin firamare kyauta na 1976 ya kai makaranta ƙauye, yaro kuwa da ya shiga aji sai an tambaye shi ko Musulmi ne ko Kirista, don a san darasin addinin da zai zauna. Zama ba tare da ɗaya daga cikin addinan biyu ba ya yi wuya. Da yawa suka musulunta. Wasu suka zaɓi coci, saboda dalilai daban-daban: wani wa'azi ne ya ratsa shi, wani magani ya samu a asibitin mishan, wani karatun 'ya'yansa yake nema, wani kuma ya ga zai ci gaba da zama a gidan kakanninsa, matarsa na zuwa gona kamar da. Sau da yawa mai bisharar da ya zauna da su ba Bature ba ne. Mutumin kudancin Kaduna ne ko Filato, wanda ke noma gonarsa da rana, da dare ya kunna fitila ya koya wa matasa karatu.

Majami'ar ƙauye a wannan yanki ba ta da wani ƙawa. Ginin ƙasa ne ko bulo da rufin kwano, maza a gefe ɗaya, mata a ɗaya gefen. Da Hausa ake komai. 'Yan zumuntar mata, sanye da atamfa iri ɗaya, su ke jan waƙa suna kaɗa tulu da caki. Bayan girbi ana ranar godiya, kowa ya kawo abin da Allah ya hore masa, damin dawa ko buhun masara ko kaza, a sayar a yi hidimar coci da kuɗin. Sunayen mutane ma na gida ne: Audu da Musa da Ladi da Talatu, tare da Bulus da Yohanna da Rifkatu.

Halin da ake ciki

A shekarun 1970 gwamnatoci suka karɓe yawancin makarantu da asibitocin mishan, Turawa suka ragu, shugabanci ya koma hannun 'yan ƙasa. Cocin Angilikan ya kafa dayosis na Katsina a 1990. A watan Oktoba na 2023 Paparoma Francis ya yanke dayosis na Katsina daga na Sakkwato, ya naɗa Gerald Mamman Musa, wanda ya taso a Malumfashi, bishop na farko. Shi ne Bahaushe na farko da ya kai wannan matsayi a cocin Katolika. Hausawa da Fulani da Barebari Kirista suna kuma da ƙungiyarsu, Tarayyar Masihiyawan Nijeriya.

Zaman bai rasa gargada ba. Rikicin da ya tashi a Kafanchan a watan Maris na 1987 ya bazu zuwa Zariya da Funtuwa da Katsina, aka ƙona wuraren ibada, aka yi asarar dukiya. Hausawa Kirista suna kokawa kan wahalar samun filin gina coci, da ƙarancin malaman addininsu a makarantun gwamnati, da yadda wasu ke ɗaukar su baƙi a ƙasar haihuwarsu. Ta'addancin 'yan bindiga da ya addabi kudancin Katsina bai bar kowa ba: an kashe masallata a masallaci, an kuma kashe wani limamin Katolika a Malumfashi a 2021, aka sace wasu biyu a ƙasar Kafur a 2022.

A rayuwar yau da kullum kuwa, abin da ya haɗa jama'ar ya fi abin da ya raba su yawa. A gida ɗaya akan samu wa Musulmi, ƙane Kirista. Kasuwa ɗaya suke ci a Bakori da Funtuwa, dillali ɗaya ke sayen masararsu, suna zuwa wa juna suna da biki da gaisuwar mutuwa, ana aika tuwon Sallah da abincin Kirsimeti tsakanin maƙwabta. Sashe na 38 na tsarin mulkin Nijeriya na 1999 ya ba kowane ɗan ƙasa 'yancin bin addinin da ya zaɓa da yin ibadarsa, shi kaɗai ko cikin jama'a.

Tambayoyi

1. Me ya sa Turawan mulki suka hana 'yan mishan shiga masarautun Musulmi, kuma ta yaya wannan ya bambanta da abin da ya faru a Filifin?
2. Su wane ne Isawa, kuma me ya tashi ƙauyen Gimi?
3. Wace rawa Littafi Mai Tsarki na 1932 ya taka wajen yaɗuwar harshen Hausa?
4. A kawo dalilai uku da suka sa Maguzawa suka bar addinin gargajiya daga shekarun 1960.
5. A tambayi wani dattijo a unguwa ko ƙauye yadda Musulmi da Kirista da Maguzawa suke zaune a zamanin ƙuruciyarsa, a rubuta abin da ya faɗa a kawo aji.